'Yata ta ƙi barci, wai akwai ciwon da ke kulle mutum cikin mafarki

Assalamu alaikum Anti Hajiya. Ni uwa ce, muna zaune a Aboabo nan Kumasi, ina sayar da atamfa a kasuwar Kejetia. 'Yata ta fari shekararta 16, tana aji biyu a sakandare, jeka-ka-dawo take yi. Kusan wata guda ke nan yarinyar nan ta ƙi barci. Wai wata ƙawarta ta turo mata bidiyo daga TikTok, ana cewa an samu wani sabon ciwo a ƙasar Turawa, mutum zai kwanta lafiya lau ya shiga mafarki shi ke nan ba zai sake fitowa ba, jikinsa na kan gado yana numfashi shi kuma yana can ciki har abada, kuma wai alamar farko ka yi mafarkin ka farka alhali ba ka farka ba, ta biyu ka buɗe ido ka kasa motsi. Ta ce duka biyun sun same ta. Yanzu ataya take sha da lemon ƙara kuzari na gwangwani, ta sa ƙararrawar waya duk rabin awa, a zaune take kwana jikin bango. Ta rame, malaminsu ya kira ni wai gyangyaɗi take a aji. Babanta ya ce a ƙwace wayar a zane ta, gwaggonta ta ce aljanu ne a kai ta a yi mata turare. Ban sani ba ko da alaƙa, amma mahaifiyata ta rasu bayan ƙaramar Sallah a cikin barci, ɗaki ɗaya suke kwana da yarinyar, ita ce ma ta je tashinta sallar asuba. Anti wallahi ni ma na fara tsoro. Ciwon nan akwai shi? Ya zan yi?

Wa alaikumus salam ƙanwata. Da farko Allah ya jiƙan Mama, ya yafe mata kurakuranta, ya ba ku haƙurin rashi. Ita kuma 'yarmu Allah ya ba ta lafiya.

Ciwon nan babu shi. Na sake faɗa miki, babu shi. Babu wata cuta a Turai ko Amurka ko ina ma da ke kulle mai barci cikin mafarki ya kasa fitowa, Hukumar Lafiya ta Duniya ba ta taɓa yin sanarwa a kanta ba, kuma da akwai ta da tuni gidajen rediyo sun ɗauka, ai korona mun sha jin labarinta tun kafin ta iso Gana a watan Maris na 2020. Labarin tsoratarwa ne, tsohon labari ma, masu ƙaga labarai sun daɗe suna juya shi, bambancin kawai yanzu ba a ce miki ƙage ne, sai a ɗauko hotunan marasa lafiya a gadon asibiti, a ɗora muryar kwamfuta, a laƙa wa ciwon suna mai kama da na likitoci, shi ke nan yara su yi ta tura wa juna, wanda ya haɗa abin kuma yana can yana ƙirga masu kallo. Abin da ya fi ɓata min rai shi ne wayon da suka yi wajen zaɓen alamomin. Ba su ce tabo zai fito a goshi ba, don kowa zai duba madubi ya ga babu. Sai suka ɗauko abu biyu da ke samun masu lafiya da yawa, musamman sa'annin 'yarki, don duk wanda ya kalla gabansa ya faɗi ya ce wayyo ni ma ya taɓa samuna.

To amma ki ce mata ƙarya ne kawai ba zai sa ta kwanta ba, don ita fa ta ji abin a jikinta, ta buɗe ido ta kasa ɗaga hannu, wannan kam ya faru. Sai kin ba ta bayanin da ya fi na bidiyon ƙarfi, shi ya sa zan ɗan tsawaita a nan, ki yi haƙuri.

Barci zagaye yake yi. Mutum ya fara da marar nauyi, ya nutsa cikin mai nauyi, sannan ya hau matakin da aka fi yin mafarki, sai ya sake komawa farko, kowane zagaye kusan minti 90, a dare ɗaya sau 4 zuwa 6. A tsakanin zagayen mutum yakan ɗan farka na 'yan daƙiƙu, ya juya ya gyara mayafi, da safe bai ma tuna ba. Kin ga ke nan 'yarki tun tana goye a bayanki take shiga mafarki tana fita sau da dama kowane dare, babu ƙararrawa babu ataya. Matakin mafarkin nan wasu masu bincike biyu ne a Jami'ar Shikago, Aserinsky da Kleitman, suka gano shi a 1953, sun lura ƙwayar idon mai barci tana kai-kawo da sauri a ƙarƙashin fatar ido, in aka tashe shi a daidai lokacin sai ya ce mafarki yake yi. Ki riƙe wannan, in aka tashe shi yana tashi. A lokacin mafarki ƙwaƙwalwa a kusa da farkawa take, shi ya sa kiran sallah daga masallacin unguwa ko kukan jariri ko ma fitsari ya matse mutum ya isa ya fito da shi. Mafarki mafi tsawo yakan zo ne gab da asuba, shi ma ba ya wuce wajen awa guda, jiki da kansa yake rufe shi.

A wannan matakin ne Allah ya yi wata hikima, ƙwaƙwalwa takan sassauta ƙarfin tsokar hannu da ƙafa da wuya, ta bar ido da numfashi suna aiki, don kada wanda ke mafarkin ana binsa ya miƙe ya fita tsakar gida a guje ya ji ciwo. To wani lokaci sai hankali ya riga jiki farkawa, ido ya buɗe, kina ganin ɗaki kina ganin fanka kina ganin labule, amma jiki bai dawo ba tukuna, ga ragowar mafarki bai gama watsewa ba, sai ki ga inuwa a bakin ƙofa ko ki ji an danne miki ƙirji, kina son ki yi ihu murya ta ƙi fita. Dannau ke nan, kakanninmu sun san shi tun babu waya babu lantarki a Zango. Daƙiƙu yake ɗauka, in ya daɗe 'yan mintuna, kuma kullum yana saki, ko wani ya taɓa ki ma ya saki. Nauyin ƙirjin nan ma tsoro ne ke sa mutum ya nemi jan dogon numfashi tsokar haƙarƙari ba ta amsa ba, amma iska na shiga tana fita yadda ya kamata. Wani nazari da aka fitar a 2011, wanda ya tattara bincike sama da 30, ya nuna kusan mutum 8 cikin 100 sun taɓa yin dannau, a cikin ɗalibai kuwa abin ya kai kusan 28 cikin 100. Ki ce mata ta ƙirga 'yan ajinsu ta raba huɗu, kaso ɗaya sun san abin da take ji, kuma duk suna zuwa makaranta da safe.

Shi kuma mafarkin farkawa, mutum ya ga ya tashi ya yi alwala har ya sa kayan makaranta sannan ya farka da gaske ya tarar yana kan katifa, wannan ya fi samun wanda ya kwanta da fargabar makara ko wata damuwa. Ki tambayi 'yan layinku a kasuwa masu sammakon tarar motar kaya, za ki samu waɗanda ya taɓa samu.

Yanzu ga abin da nake so ki fahimta fiye da komai a ɓangaren jiki. Dabarar da yarinyar nan take yi don ta tsira, ita ce ke kawo mata alamomin da take gudu. Jiki mai bin bashi ne, kamar mai karɓar susu, wato adashi, a Kejetia, ko kin ɓuya yau gobe zai zo ya haɗa da na jiya. Wanda aka hana barci, da zarar ya runtsa ƙwaƙwalwa sai ta ruga zuwa matakin mafarki da wuri ta biya wanda ta rasa, mafarkin ya zo da ƙarfi da firgici, ga ƙararrawa tana fizgo ta daga tsakiyarsa duk rabin awa, to me za a samu in ba dannau ba. A Japan masu bincike sun taɓa jawo wa mutane dannau da gangan a ɗakin gwaji, ba da wani magani ba, ta hanyar katse musu barci kawai. Haka take yi wa kanta kowane dare, in ya same ta kuma sai ta ce kun gani ko, ciwon ya matso, ta ƙara gwangwani ɗaya. Sinadarin kafeyin da ke cikin ataya da lemon nan da goro kusan awa 5 yake yi kafin rabinsa ya bar jini, ga bugun zuciya da rawar hannu da yake kawowa, waɗanda su ma za ta ɗauka alamar ciwon ce. A farkon 1964 wani ɗalibi ɗan shekara 17 a Amurka, Randy Gardner, ya kammala kwana 11 bai runtsa ba, cikin kwanakin ya shiga mantuwa da ruɗewa da gane-gane, da ya kwanta kuwa awa 14 da ɗoriya ya yi ya tashi abinsa. Rashin barcin ne ya jijjiga shi, barcin kuma ya gyara shi. Ita a shekarunta awa 8 zuwa 10 jikinta ke nema.

Na san 'yan zamani, za ta shiga intanet ta dawo miki da cututtukan gaske ta ce to wannan fa, gara ki san su kafin ta kawo. Akwai wata annoba da wani likita a birnin Biyana na Ostiriya, von Economo, ya bayyana a 1917, kumburin ƙwaƙwalwa ne da ya sa mutane barci mai nauyi, wasu suka mutu, wasu suka rayu jikinsu a sandare shekara da shekaru, ta lafa tun wajen ƙarshen shekarun 1920, kuma waɗannan bayin Allah ciwo ne ya taɓa musu ƙwaƙwalwa, ba mafarki ne ya riƙe su ba. Akwai ciwon barci namu na Afirka da ƙudan tsando ke kawowa, yana farawa da zazzaɓi da ciwon kai da kaluluwa a wuya kafin ya rikita lokacin barci, yana da magani, yanzu a duniya duka masu kamuwa ba su kai 1,000 a shekara ba, mafi yawa a Kwango, kuma a 2023 Hukumar Lafiya ta Duniya ta tabbatar Gana ta kawar da shi daga cikin matsalolin lafiyar jama'a. Akwai wani da ba kasafai ake gani ba, Kleine-Levin, ya fi kama samari matasa, su yi kwanaki suna barci kusan awa 20 a rana, amma ana tashinsu su ci abinci su zaga bayi, kuma yakan wuce. Sai doguwar suma, wadda hotunanta ne aka sata aka sa a bidiyon, ita kuwa kullum da dalilinta, zazzaɓin cizon sauro da ya hau kai, sanƙarau, faɗuwar suga, bugun kai a hatsarin babur, shanyewar ɓarin jiki, ko ƙwaya da ta wuce kima. Ko ɗaya a ciki ba ya farawa da lafiyayyar yarinya ta kwanta ta yi mafarki.

Tunda maganar ta zo bari in faɗi wannan ko da ba ki tambaya ba. In akwai abin da ke kashe lafiyayye a cikin barci a unguwanninmu, hayaƙin janareto ne da gawayi. An ɗauke wuta an kunna janareto a baranda an rufe tagogi, ko lokacin hunturu an shigo da kurfoti ɗaki an ja ƙofa, iskar gubar da ke fita ba ta da launi ba ta da wari, ciwon kai da jiri da kasala kawai, mutum ya ce bari ya ɗan kwanta. A wani ƙauye mai suna Kalachi a Kazakistan, daga 2013 zuwa 2015 mutane sun yi ta faɗuwa barci na kwanaki, aka yi ta ƙaga labarai, daga baya hukuma ta ce irin wannan iskar ce ke fitowa daga tsohuwar mahaƙar yuraniyom da ke kusa. Ki fitar da gawayi waje, janareto nesa da taga.

Yanzu mu zo kan layin da kika sa a ƙarshen wasiƙarki kina cewa ba ki sani ba ko da alaƙa. Ƙanwata, shi ne maganar gaba ɗaya. Yara nawa suka kalli bidiyon nan a Aboabo da Asawase da Sawaba suka yi dariya suka wuce? Ita ya kama ne don ta taɓa gani da idonta, mutum ya ce mata sai da safe ya kwanta bai tashi ba. Ki tsaya ki auna asubar nan daga wajenta, yarinya 'yar 16 ta tashi cikin magagi, ta ce Kaka an kira sallah, shiru, ta sake kira, ta kai hannu ta taɓa ta ta ji sanyi. Daga nan gida ya cika, ke kina cikin naki kukan na rashin uwa, ana wanka ana sutura ana karɓar gaisuwa, ita kuma ana aikenta ɗebo ruwa da wanke kofuna da shimfiɗa wa baƙi tabarma, kowa na ce miki sannu da haƙuri, ita da wuya a samu wanda ya zaunar da ita ya ce me kika gani, me kika ji. Ba laifinki ba ne, haka muke yi, muna ɗauka yaro ba ya riƙe abu. Sannan bayan sadakar bakwai aka mayar da ita ɗakin nan ta kwana kusa da gurbin da kakarta ta cika.

Kuma ina zargin akwai wani abu da take ɗauke da shi da ba ta faɗa wa kowa ba, wato ni ina kwance ina sharar barci Kaka na mutuwa kusa da ni, da ban yi barci ba da na ji, da na kira mamana, da an kai ta asibiti. Masu irin wannan rashin da yawa suna wannan tunanin, manya ma balle yarinya. In haka ne, to a wajenta barci ya zama laifi kuma ya zama tarko, bidiyon suna kawai ya ba abin. Shi ya sa duka ba zai yi ba, ƙwace waya ma ba zai kai ga tushen ba.

Ki samu lokaci da rana, ba da dare ba, ku biyu kawai, ko kina tsince shinkafa tana taya ki don kada ta ji kamar an kafa ta. Kar ki fara da bidiyo. Ki fara da ke, ki ce mata kin san ni ma ina kewar Mama, wani dare ba na iya runtsawa, sannan ki ce ban taɓa tambayarki asubar nan ba, ki ba ni labari. Sai ki yi shiru. In ta yi kuka ki bar ta, kar ki yi saurin cewa haba daina kuka addu'a za ki yi mata, addu'ar na nan zuwa. In ta gama ki faɗa mata a fili cewa tsofaffin da ke cikawa cikin barci yawanci zuciya ce ko jijiyar ƙwaƙwalwa, abin da kan zo farat ɗaya ba tare da ƙara ba, wa'adi ne ya tarar da ita a kwance, da rana ma da zai tarar da ita a kan sallaya, kuma babu abin da ita za ta iya yi ko da idonta biyu. In Mama na da hawan jini ko suga ko wani ciwo da kuka sani, ki faɗa mata sunansa, yaro in ba a ba shi dalili ba shi zai ƙaga nasa. Kuma dan Allah ku ɗan ajiye maganar nan ta barci ƙanin mutuwa a gabanta zuwa wani lokaci.

Daga daren ranar ki ɗauke ta daga ɗakin, ta dawo kusa da ke ko ke ki koma kusa da ita, na ɗan lokaci. Ki ce mata a kashe ƙararrawar nan, ni ce ƙararrawarki, zan tashe ki asuba, kuma in na ji kina nishi zan taɓa ki. Ki cika alkawarin nan kullum ko da kin gaji, don kowace safiya da ta buɗe ido hujja ce da ta fi duk bayanin da na rubuta. Lemon gwangwanin a daina saye, atayar a janye ta a hankali cikin 'yan kwanaki don kar ciwon kai ya sa ta ƙara firgita, bayan azahar kam babu. Wayar ba ƙwace za a yi ba, yarjejeniya za ku yi, bayan isha'i tana caji a wajenki har safe, kuma ku zauna tare ta toshe shafin, in ta ga irinsa ta danna ba ta so, don manhajar nan abin da ka tsaya kallo shi take ƙaro maka. Ta riƙa kwanciya lokaci ɗaya, a gefenta ba rigingine ba, dannau ya fi zuwa wa mai kwanciyar rigingine. In ya zo kar ta yi kokawa da shi, ta ce a ranta dannau ne yanzu zai wuce, ta riƙa numfashi a hankali, ta gwada motsa ɗan yatsa ɗaya ko harshe. Ki gaya mata tun yanzu cewa dararen farko mafarkai za su iya yin yawa saboda bashin da ke kanta, don kar ta ɗauka abin ya ƙaru.

Gwaggonta ba maƙiyiyarta ba ce, neman sauƙi take mata, ki karɓi abin kirki a maganarta. Ku yi alwala ku karanta Ayatul Kursiyyu da Ƙulhuwallahu da Falaƙi da Nasi ku shafa, tare, da murya. Hadisi ya zo a Buhari da Muslim cewa mafarki iri uku ne, na bushara daga Allah, na baƙin ciki daga Shaiɗan, da wanda mutum ke zanta wa ransa da rana ya gani da dare, kuma an koya mana in mummuna ne a nemi tsari a yi tofi hagu sau uku a juya kwanciya. Ba a ce a daina barci ba. A Suratun Naba'i Allah ya lissafa barci cikin ni'imominsa, ya ce hutu ne. As'habul Kahfi ma da suka yi shekara 309 a kogo, tashi suka yi da yunwa suka aiki ɗayansu gari da kuɗin azurfa ya sayo abinci, ki karanta mata wannan ƙissar. Abin da ba zan yarda da shi ba shi ne a rufe ta a ɗaki da hayaƙi, ko a dake ta wai ana fitar da wani abu, ko a ɗura mata jiƙon da ba a san me ke ciki ba, ko wani ya dube ta ya ce aljani ya aure ta. Yarinyar da ke tsoron rufe ido in aka ce mata wani na jiranta a cikin barci an gama da ita.

Maigida kuma ki same shi a keɓe bayan ya ci abinci, kar ki ce masa ya yi kuskure, ki ba shi labarin asubar nan kamar yadda ta ba ki. Sannan ki ba shi aiki, in zai fita masallaci ya ƙwanƙwasa ya kira sunanta ya jira ta amsa. Iyaye maza da yawa faɗansu tsoro ne da suka rasa inda za su kai.

Duk da haka wata guda babu barcin kirki ga rama ba abin da za a bari a gida kaɗai ba ne, ina so cikin satin nan ki kai ta asibiti, a duba jininta da zazzaɓi da bugun zuciya, sannan ki nemi a haɗa ku da masu kula da lafiyar ƙwaƙwalwa. Asibitin Komfo Anokye, wanda muke kira Gee, yana da sashen, manyan asibitocin gwamnati ma suna da nas-nas na wannan fannin, a 2012 Gana ta yi sabuwar dokar lafiyar ƙwaƙwalwa, kuma zuwa wajensu ba ya nufin hauka, yawancin aikin da za a yi mata magana ce, a koya mata yadda za ta riƙe tsoron da baƙin cikin. A makarantarsu ma akwai malamin ba da shawara, ki sanar da shi rasuwar don a sassauta mata kafin ta farfaɗo. Kar ki je kemis ki sayo mata maganin barci, kar ki karɓi na maƙwabciya, irin waɗannan suna kama jiki, kuma yarinyar da ke tsoron kar ta kasa tashi in ta farka jiki a mace za ta ce ciwon ne. Ki kuma bincika a hankali ko wani ya ba ta tiramadol ko wata ƙwaya don ta hana ta barci, abin ya yi yawa a hannun yara.

Akwai abubuwan da in kin gani ba jiran sati, ranar za ku tafi. In ta ce gara ta mutu ko tana so ta bi Kaka, in tana jin murya ko gane-gane da rana tsaka, in ta suma ko ta yi jijjiga, in zazzaɓi ya zo da sanƙarewar wuya, ko aka tashe ta da ƙarfi ba ta amsa ba, to a kira lambar gaggawa ta 112 ko a sa ta a mota. In kuma bayan barcinta ya daidaita har yanzu yana kwashe ta farat ɗaya tana tsakar magana, ko gwiwarta ta saki in ta yi dariya, ki faɗa wa likita, wannan wata lalura ce daban mai suna nakolefsi kuma ana kula da ita.

Kafin ku tafi ki samu takarda ki rubuta ranar da abin ya fara, ƙarfe nawa take runtsawa, gwangwani nawa take sha a rana, sau nawa dannau ya zo, da ranar rasuwar Mama. Ki haɗa da katin inshorar lafiyarta, kuma in kun shiga ki ba ta dama ta yi wa likita bayani da bakinta, in ta nemi ki ɗan fita ki fita.